Zaki da Rana, Warki da Fure: Gardamarmu Kan Alamomin Farisa

Ranar Litinin 21 ga Nuwamba 2022, bayan azahar, muna zaune a fadarmu muna kallon balo a tele. Ingila ce da Iran, a gasar cin kofin duniya ta Katar. Ci shida da biyu aka yi wa Iran, amma abin da ya tsaya mana a rai ya faru tun kafin a take wasa. Da aka sa taken ƙasarsu, ƴan wasan Iran suka yi gum, ko leɓe babu wanda ya motsa. Mai dafa mana shayi ya ce, "Mi ya samu mutanen ga?" Wani ya ciro salula ya nuna mana hotunan zanga-zangar da ake yi tun mutuwar Mahsa Amini a watan Satumba na shekarar. A hotunan da suka fito daga biranen Turai, Iraniyawa na riƙe da tuta mai kore da fari da ja, irin ta ƙasarsu, sai dai a tsakiyarta zaki ne riƙe da takobi, rana tana leƙowa ta bayansa. Wadda muke gani a tele kuwa wani jan tambari ne a tsakiyarta.

Nan gardama ta sarƙe. Ustazun fadarmu ya ce, "Wagga mai zaki ai tutar majusawa ce, masu bautar wuta da rana. Waccan ita ce ta Musulunci." Wani abokinmu mai karatun shari'a ya ce, "Kai dai faɗi kake. Mai zakin ita ce ta asali, tun zamanin Sairus. Jiya-jiya aka canza ta." Sai suka juyo gare ni, wai ni ne mai karatun ilimin harsuna, sanin alama aikinmu ne. Don kada a raina ni, na gyara zama na ce lalle zakin da ranar tun zamanin Sairus suke. Wallahi ban sani ba, faɗi kawai na yi.

Abin ya dame ni, na shiga karatu. Wannan rubutu shi ne biyan bashin ƙaryar da na yi ran nan, domin na tarar mu duka uku mun yi kuskure.

Darasin farko da ake ba mu a sashenmu na Ferdinand de Saussure ne. Ya ce tsakanin sautin kalma da ma'anarta babu wata igiya ta halitta, jama'a ne suka ɗaura. Babu abin da ke gurnani a cikin kalmar "zaki". Bafarishe "shir" yake ce masa, kuma a Farisancin Tehran na yau da wannan "shir" ɗin yake kiran madara. Mu ma ƙugiya ɗaya ce ta raba zaki da zaƙi. To, abin da na gani shi ne tuta da tambari ma haka suke. Zanen yakan yi shekara dubu bai motsa ba, ma'anar kuwa kowane zamani da wadda yake ɗora masa. Bari mu bi alamomi huɗu mu gani.

Mutumin da ke tsakanin fukafukai

A yammacin Iran, kusa da birnin Kermanshah, akwai wani dutse da ake kira Bisutun. Can sama a jikinsa, inda mai wucewa ba ya iya karanta komi, sarki Dariyus na ɗaya ya sa aka sassaƙa labarin yadda ya ci sarauta, wajen shekara ta 520 kafin haihuwar Annabi Isa (AS). Ga Dariyus tsaye ya take wani mutum da ƙafa, shi ne Gaumata da ya ce ya yi sojan gona ya hau gadon mulki. Ga mutum tara a jere an ɗaure su da igiya a wuya, sarakunan tawaye ke nan. Sama da su duka kuma ga wani mai gemu ya fito daga cikin ƙawanya mai fukafukai biyu a shimfiɗe, ya ɗaga hannu ɗaya, ɗayan yana riƙe da zobe. Wannan siffa ce yau ake kira Farawahar. Ita ce za ka gani a wuyan samarin Iran a matsayin sarƙa, da kuma a goshin wuraren ibadar mabiya Zaradushtu.

Abu na farko da ya ba ni mamaki, siffar aro ce. Faifan rana mai fukafukai na Masarawa ne tun zamanin Fir'aunoni. Assuriyawa, a arewacin Iraƙin yau, suka ɗauka suka sa mutum a tsakiyarsa, wani lokaci har da baka a hannu. Daga wajensu masassaƙan Dariyus suka samo. Ke nan alamar da ake ɗauka ita ce tsantsar Farisanci sai da ta ratso ƙasashe kafin ta iso.

Na biyu, Dariyus bai rubuta ko wane ne mutumin ba. Rubutun da ke kewaye yana ta maimaita cewa da yardar Ahura Mazda ya zama sarki, shi ya sa masanan Turai da yawa suka ce hoton Ahura Mazda ne, abin bautar tsoffin Farisawa. Wasu suka ƙi, suka kawo maganar Herodotus, Bagirken da ya rubuta cewa Farisawa ba su sassaƙa gumakan abin bautarsu. A shekarun 1920 wani masani daga cikin mabiya Zaradushtu na Indiya, J. M. Unvala, ya ce hoton "farawashi" ne, wato wani ruhi mai tsaron mutum da ke tare da shi tun kafin haihuwa. Daga wannan fassara sunan Farawahar ya bi siffar. Daga baya masanin Iran Shapur Shahbazi ya ce a'a, "farr" ne, wani haske ko kwarjini na sarauta da ake ganin yana sauka kan sarkin ƙwarai, yana kuma tashi ya bar azzalumi. Har gobe ba a rufe wannan gardama ba.

Idan ka tambayi mai sanye da sarƙar a yau, zai ce maka jeri uku na gashin fukafukan su ne kyakkyawan tunani, kyakkyawar magana, kyakkyawan aiki. Waɗannan ukun tabbas tsohuwar koyarwa ce a addinin Zaradushtu. Amma ɗora su a kan gashin fukafukan fassarar ƴan baya ce, babu wani rubutu na zamanin Dariyus da ya faɗi haka.

Mi ya sa aka rasa ma'anar? Domin an manta da karatun. Rubutun Bisutun da harsuna uku aka yi shi, tsohon Farisanci da Elamanci da Babilanci, duk da haruffa masu kama da ƙusa. Bayan da Iskandar na Makidoniya ya ƙone fadar Persepolis a shekara ta 330 kafin haihuwar Annabi Isa, sannu a hankali masu iya wannan rubutu suka ƙare. Jama'a suka ci gaba da ganin duwatsun, suka raɗa musu sunayen da suka sani. Persepolis ta koma Takhte Jamshid, wato gadon sarautar Jamshid, sarkin tatsuniya. Kaburburan sarakuna da ke kusa suka koma Naƙshe Rustam, zanen jarumi Rustam. Wani matafiyi Bafaranshe ma da ya ga Bisutun cewa ya yi Annabi Isa ne da almajiransa. Sai a 1802 wani malamin lakwal Bajamushe, Grotefend, ya fara tsinto sunayen sarakuna a cikin rubutun ƙusa, sannan wani hafsan Ingila, Henry Rawlinson, ya fara hawa dutsen yana kwafe rubutun a 1835. Kusan shekara dubu biyu Farisawa na wucewa ƙarƙashin sunan Dariyus ba su san shi ne ba.

Da Riza Shah ya hau mulki a 1925, sai aka ɗebo siffar daga jikin duwatsu aka kai ta jikin gine-ginen gwamnati. Tana jikin kabarin mawaƙi Firdausi da aka gina a Tus a 1934, ta kuma shiga tambarin gidan sarautar Pahlawi. A nan ta sami sabon aiki, ta zama shaidar cewa ƙasar ta girmi zuwan Larabawa. Yau Musulmi da yawa na sa ta ba da nufin addini ba, suna dai cewa ne su Iraniyawa ne.

Warkin maƙeri

Alama ta biyu daga Shahnama take, littafin sarakuna da Firdausi ya gama a 1010, baiti wajen dubu hamsin. A ciki akwai labarin Zahak, azzalumin sarki da macizai biyu suka tsiro masa a kafaɗu. Macizan ba su kwanciya sai an ba su ƙwaƙwalwar samari biyu kullum. Ku lura da abin da suke ci. Ba nama ba, ba jini ba, ƙwaƙwalwar matasa.

Wata rana Zahak ya tara manyan ƙasa ya ce su sa hannu a takardar shaida cewa shi adali ne. Ana cikin haka wani maƙeri mai suna Kawe ya shigo yana kuka, an cinye masa ƴaƴa, ga shi an kama wanda ya rage. Sarki ya ce a sakar masa ɗansa, amma shi ma ya sa hannu. Kawe ya karanta takardar, ya yaga ta, ya tattake, ya fita kasuwa. Ya kwance warkin fata da yake ɗaurawa in zai yi ƙira, ya soka shi a tsinin mashi ya ɗaga, jama'a suka bi shi har wurin Faridun, wanda ya kama Zahak ya ɗaure shi a dutsen Damawand. Faridun ya ƙawata warkin da zinariya da duwatsu masu daraja, ya rataya masa kyallaye ja da rawaya da shuɗi mai ja-ja. Sunanta ya zama Darafshe Kawiyani, tutar Kawe.

Tutar ba tatsuniya ce zalla ba. Sarakunan Sasaniyawa, waɗanda littattafanmu na tarihin Musulunci ke kira Kisra, suna da babbar tuta mai wannan suna. Ɗabari ya ce ta fatar damisa ce, kamu takwas a faɗi, goma sha biyu a tsawo. A yaƙin Ƙadisiyya, wajen shekara ta 636, zamanin Sayyidina Umar, rundunar Sa'adu ɗan Abi Waƙƙas ta karya rundunar Farisa, tutar ta shiga hannun Musulmi, aka ciccire duwatsunta cikin ganima. Mu a makarantar Islamiyya an karanta mana wannan rana a matsayin babbar nasara. Shi kuwa Firdausi, wanda Musulmi ne, da makoki ya rufe littafinsa a kan faɗuwar daular. Rana ɗaya ce, masu ba da labari biyu.

Ga inda ɗalibin harshe zai kasa kunne. Masana irin su Arthur Christensen sun nuna cewa "Kawiyani" ya fi kama da fitowa daga tsohuwar kalma "kawi" ko "kai", mai nufin sarki. Ke nan asalin sunan tutar sarakuna ne. Da kalmar ta tsufa aka daina gane ta, sai kunnen jama'a ya ji sunan Kawe a ciki, labarin maƙeri ya zo ya zauna daram. Mun san irin wannan a gida. Wa bai taɓa jin an ce "Hausa" daga "hau sa" ta fito ba? Labari ne mai daɗi, amma ilimin harshe bai yarda da shi ba. Na san kuma wani zai tuna da Bayajida, da maƙeran Gaya da suka ƙera masa wuƙa, da macijiyar rijiyar Daura. Kamar tana nan, amma kada a ce na ce ɗaya daga ɗaya ya fito.

Abin da ya fi burge ni shi ne yadda kuskuren ya juya alamar. Tutar fada ce, ta manyan sarakuna, jama'a suka mai da ita fatar talaka mai ƙaurin gawayi. Tun daga nan duk Ba'iraniyen da zai tayar wa mai mulki da hankali yakan tuna da Kawe. A 1916 wasu ƴan gwagwarmayar Iran da ke zaune a Berlin sun fitar da jarida, sunan maƙerin suka sa mata.

Zaki da rana

Yanzu ga abin da ya haɗa mu faɗa. Gaskiya ne akwai zakuna a jikin bangon Persepolis, har da sanannen zanen zaki ya kafa wa bijimi haƙora a gindi. Gaskiya ne kuma tsoffin Farisawa na girmama rana. Amma zaki da rana a haɗe, ita tana fitowa ta bayansa, ba daga fadar Sairus ko Dariyus suka zo ba. Daga ilimin taurari suka zo. Malamanmu masu hisabi sun san buruji goma sha biyu, sun san kuma kowane tauraro da gidansa. Gidan rana shi ne burujin Asad, wato Zaki. Zanen yana cewa ne rana tana gidanta, tana kan ƙarfinta. Tun ƙarni na 12 ake ganinsa a jikin tasoshin tagulla da gadoji a ƙasashen Musulmi.

Sanannen wurin da ya fara bayyana a jikin kuɗi shi ne dirhamin Kaikhusrau na biyu, sarkin Saljuƙawa da ya yi mulki a Konya daga 1237 zuwa 1246. Konya kuwa a Turkiyya take. Har akwai labarin da marubutan zamanin suka kawo cewa ranar fuskar matarsa ce, gimbiya ƴar ƙasar Jojiya. Ku dubi wannan. Sarki Musulmi, Baturke, da rubutun Larabci a jikin kuɗinsa, shi ne ya buga abin da ustazunmu ya kira tutar majusawa.

Da Safawiyawa suka kafa daula a 1501 suka mai da Shi'anci mazhabar ƙasa, zakin ya sami sabuwar fassara. Sayyidina Ali ana masa laƙabi da Asadullahi, zakin Allah, Farisawa na cewa Shire Khuda. Sai mai kallo ya fara ganin Ali a jikin zakin. Duk da haka tushen taurarin bai ɓace nan da nan ba. Shah Tahmasp burujin Rago ya sa a ƙarƙashin ranar maimakon zaki.

A zamanin Ƙajar, ƙarni na 19, alamar ta zama ta gwamnati sosai. Fat'h Ali Shah ya kafa lambar girma ta Zaki da Rana a 1808, ana ba jakadu da hafsoshin Turai. A wannan zamani aka damƙa wa zakin takobi, jama'a suka ce Zulfiƙar ne, takobin Ali. Ranar kuma fuska gare ta, da idanu da gira mai haɗe, har mutane na kiranta Khurshid Khanum, wato uwargida rana. Bayan juyin tsarin mulki na 1906, dokar da aka ƙara a 1907 ta ce launukan ƙasa kore da fari da ja ne, tambarinta zaki da rana. A 1929 yarjejeniyar Geneva ta karɓi jan zaki da rana a matsayin alamar agaji, kafaɗa da kafaɗa da jar gicciye ta Croix-Rouge da jan jinjirin wata.

Sai gidan Pahlawi suka zo suka sake fassara. Aka shafe fuskar ranar, aka ɗora kambinsu a sama, aka riƙa koya wa yara cewa alamar tun daga tsohuwar Farisa take. A 1971 Muhammad Riza Shah ya yi bikin cikar sarautar Farisa shekara 2500 a kufan Persepolis, da tantuna da abinci daga Faransa, talakawa na kallo daga nesa. A 1976 ya canza lissafin shekara, ya daina ƙirgawa daga Hijira ya koma ƙirgawa daga hawan Sairus. Mutane suka kwana a 1354, maimakon su tashi a 1355 suka tashi a 2535. Kafin shekara uku an soke wannan. Amma zakin ya riga ya manne da sarkin a idon jama'a, da sarkin ya faɗi a 1979 ya ja zakin suka faɗi tare. Abin da na faɗa a fada, ashe, darasin makarantun Shah ne na maimaita ban sani ba.

Jan tambari

Tambarin da ya maye gurbin zakin, wani mai zanen gine-gine, Hamid Nadimi, ya zana shi, Ayatullahi Khumaini ya amince da shi a watan Mayu 1980, tutar kuma ta fara aiki a watan Yuli. Jinjirin wata huɗu ne da takobi a tsaye a tsakiya, da shadda a bisansa. In ka duba da kyau za ka karanta sunan Allah. Ana fassara sassan biyar da tushen addini biyar a wajen Shi'a: tauhidi, adalci, annabci, imamanci da tashin alƙiyama. A bakin koren da bakin jan an rubuta kabbara da rubutun Kufi sau goma sha ɗaya-ɗaya, jimla 22, domin ranar 22 ga watan Bahman a lissafinsu, wato 11 ga Fabrairu 1979, mulkin sarki ya faɗi.

Zuwa nan ustazunmu ya ci gardama. To amma ja da baya kaɗan ka sake duban siffar gaba ɗaya. Fure ne. Farisawa na kiransa "lale", ba lallenmu na ƙunshi ba, wani jan fure ne mai kama da ƙoƙo da ke fitowa a tsaunukansu da bazara. A al'adarsu an daɗe ana danganta shi da jinin wanda aka kashe yana matashi saboda ƙasa ko gaskiya. Tunanin tsiro daga jinin wanda aka zalunta kuwa yana cikin Shahnama, a labarin yarima Siyawash da aka yanka ba da hakki ba, wani tsiro ya fito inda jininsa ya zuba. Ke nan tambarin da aka yi don a rabu da tsohuwar Farisa, da ƙafa ɗaya a cikinta yake tsaye.

Ga kuma wani wasan haruffa da Farisawa da Turkawa suka daɗe da lura da shi. Rubuta "Allah" da Larabci: alif, lam, lam, ha. Rubuta "lale": lam, alif, lam, ha. Rubuta "hilal", jinjirin wata: ha, lam, alif, lam. Haruffa huɗu ne iri ɗaya aka jujjuya. A hisabi alif ɗaya ne, lam talatin, ha biyar, kowace kalma ta ba da 66. Duk wanda ya taɓa zama kusa da malamin zaure mai buga hatimi zai iya gwadawa da kansa. Sunan Allah da fure da wata, ukun nan duk suna cikin tambarin.

Launukan kuwa ba a taɓa su ba. Kore da fari da ja na 1907 su ne na yau. Masu zaki da masu fure, da suke wa juna kallon maƙiya, ƙyalle ɗaya suke ɗagawa, tsakiyar kawai ta bambanta.

Komawa fada

Da na kai wa abokaina wannan bayani, babu wanda ya yi murna. Ustaz ya ce, "To kana nufin zakin ga na Sayyidina Ali ne?" Na ce ƙarnuka da dama haka masu tutar suka ɗauke shi. Mai karatun shari'a ya ce, "To ba ta asali ba ce ke nan?" Na ce wane asalin, na masu duban taurari, ko na sarkin Konya, ko na Safawiyawa, ko na Shah? Kowannensu ya riƙe ta ya ce tasa ce. Kuma ko a yau masu ɗaga ta ba bakinsu ɗaya ba. Wani sarauta yake so ta dawo, wani ba ya son sarki ko kaɗan, tutar dai ita ce hanyar da ya samu ta cewa bai yarda da masu mulkin yanzu ba. Kamar yadda mai riƙe da jan tambarin zai yiwu ɗan gwamnati ne, zai yiwu kuma uwa ce da ɗanta ya mutu a yaƙin Iran da Iraƙi na 1980 zuwa 1988, furen take gani ba gwamnati ba.

Na kuma ce wa Ustaz ya yi hankali da kalmar da ya jefa. "Majusi" daga tsohon Farisanci "magush" ta fito, sunan limaman addininsu. Girkawa suka ara, ta bi ta hannunsu har ta zama "magie" a Faransanci, wato sihiri. Larabawa suka ce "majus", kuma masana da yawa na ganin daga nan muka sami sunan Maguzawa, kakannin wasunmu. Haka "Firdausi", sunan da muke sa wa ƴaƴanmu mata muna fatan aljanna mafi ɗaukaka, asalinta tsohuwar kalmar Iran ce mai nufin lambu da aka kewaye da katanga. Ita ce "paradis" ta Faransanci. Kalmar zagi da kalmar fata, duk daga ƙasa ɗaya muka gaje su, kuma babu wadda ta iso da ma'anar da ta baro gida da ita.

Ban ce don haka alama banza ce ba. Saussure da ya ce babu igiyar halitta tsakanin sauti da ma'ana, ya ƙara da cewa mutum ɗaya ba ya iya kwance abin da jama'a suka ɗaura. A Iran tutar da ka ɗaga tana iya kai ka kurkuku. A wajen Iran tana iya raba ka da ɗan uwanka. Mutane ne suka zuba mata wannan nauyi, da rayukansu, shi ya sa bai kamata mu da ke zaune nesa mu yanke mata hukunci da kallo ɗaya a salula ba.

Mu ma muna cikin zamanin canza alamomi. A 2023 an canza taken ƙasarmu, a 2024 an sauya sunayen wasu tituna a Yamai. Akwai rana a tsakiyar tutarmu, kuma ban taɓa jin wanda ya ce muna bauta mata ba. Duk ranar da wani ya nuna muku wata alama ya ce ga ma'anarta ta asali, ku yi masa tambayoyin da ni ban yi wa kaina ba ran nan: wa ya fara faɗin haka, a wace shekara, kuma da wa yake jayayya lokacin da ya faɗa?

Ustaz har yau bai sauka daga maganarsa ba gaba ɗaya. Amma ran nan na same shi da takarda da biro yana tara alif da lam da ha, ya ɗago ya ce, "Sittin da shida ne kuwa." Mai shayi ya miƙo mana na uku, muka sha.